Shadda Ɗaya a Gaban Alƙali

Ni ban yi lakkol ba, makarantar boko ke nan, ko ƙofarta ban taɓa leƙawa ba. Abin da na sani a zauren mahaifina na koye shi, can Damagaram, lokacin yana mai unguwa. Na ji an raba rikicin gona, na ji an raba na aure, na ga mutum biyu sun shigo kamar za su cinye juna sun fita suna rabon goro ɗaya. Da na girma sai abin ya bi bakina. Har nan Bronx, a hawa na biyar da nake zaune a Mount Hope, idan miya ta yi yaji tsakanin mata da miji ko tsakanin maƙwabta, ƙofata ake bugawa. Ban taɓa zama a kan magana ta gagare ni ba. Ina faɗin wannan ne don ku san irin matar da ta yi kuskuren da zan ba ku labari.

Wanda ya kawo ni ƙasar nan ɗana ne na fari. Ba za ku ji sunansa a bakina ba, don mu ba ma kiran sunan ɗan fari, ba ma yabonsa, ba ma nuna mun damu da shi a gaban mutane. Tun yana goye kakarsa ce ke masa wasa, ni sai dai in ba shi nono in kau da kai. Ya girma yana ce mini Hajiya kamar kowa, ni kuma in ce masa "kai" ko "baban yara". Yanzu ya haura arba'in, furfura ta fara fito masa a gemu, yana da tebur a Canal Street inda yake sayar da huluna da gyale da laima.

Teburin da ke manne da nasa na wani mutumin Kumasi ne, ɗan zango, mai sayar da tabarau da bel. Shekara goma sha ɗaya suna gefe da gefe. Idan ɗaya zai yi salla ɗayan ke tsare masa kaya. Da azumi gidanmu yake shan ruwa, ya cinye mini fura yana cewa ba ta kai kokon garinsu ba. Mma yake ce mini, ni kuma in ce masa ɗan zango marar kunya.

Faɗan nasu kan ruwan sama ne. Mutumin Kumasi ya ɗaura tamfol a kan teburinsa, ruwa ya taru a ciki, ya ɗaga da sanda ya zubar, duk ya kwarara kan gyalen ɗana. Magana ta yi magana. Shi dama bakinsa ba linzami, sai ya ware yatsu biyar ya yi wa ɗana daƙuwa, ya haɗa da ambaton uwa. Uwar kuwa ni ce, wadda yake shan furarta. Ɗana ya zare ƙarfen da yake tokare babbar laimarsa ya kai masa duka, shi kuma ya tare da hannu, ƙashin ya karye. Wani mai wucewa ya kira motar asibiti, 'yan sanda suka biyo baya. Kafin su iso ɗana ya tattara kaya ya taho gida.

Kwana uku bai fita ba, bai ci abin kirki ba. A na huɗu muka tarar da wani ɗan kati a maƙale jikin ƙofa. Surukata, matarsa, ita ce mai Turanci a gidan, tana aikin kula da tsofaffi a gidajensu. Ta karanta ta ce ɗan sanda mai bincike ne, yana son mijinta ya kira shi. Ta ce akwai kamara a shagon da ke bayan teburinsu, ta ɗauki komai.

Daga ranar abu ɗaya ne ya tsaya mini a wuya, kada a rufe shi. Kowa a unguwarmu ya san gidan kason da ke kan tsibiri, inda ake ajiye mutum yana jiran shari'a. Na ga waɗanda suka shiga wata biyu suka fito ba su ƙara zama daidai ba. Ban faɗa wa kowa ba, amma duk motsin da na ji a matakala sai in tashi in leƙa ƙofa.

A masallaci wani dattijo da ya yi yawon duniya ya ce mana kada mu damu. Ya ce a wata ƙasa da ya zauna, mutum kan je kotu ya nemi beli tun ba a kama shi ba, kuma idan an riga an yi sulhu da wanda aka yi wa laifi, alƙali ba ya jan magana, sai ya sa hannu. Ya ce doka ai duk kusan ɗaya ce. Da na ji haka sai na ji kamar an sauke mini dutse. In dai sulhu ne, an zo gonata.

Ran Juma'a bayan an sauko na tara liman da dattawa biyu, na sa ɗana a gaba, muka nufi University Heights inda mutumin Kumasi yake. Na riƙe ƙullin goro da dabino, surukata ta bi mu da tukunyar farfesun kaza. Muka same shi a kan kujera, hannun dama a naɗe cikin farin filasta, an rataye masa shi a wuya. Da ya ga ɗana sai ya juya fuska ga bango. Ɗana ya zauna a ƙasa bakin ƙofa, kusa da takalma, inda na nuna masa.

Na bar liman ya yi nasa, sannan na karɓa. Ban fara da duka ba. Na fara da shekarar da aka yi dusar ƙanƙara mai yawa, da suka yi kwana da kwanaki ba ciniki suna raba burodi ɗaya. Na tuna masa ranar da mahaifiyarsa ta rasu a Kumasi bai samu zuwa ba, a falona aka yi zaman makoki, ni na dafa abincin sadaka. Na ce zagin da ya yi ni ya zaga, kuma na yafe tun kafin in hau jirgin ƙasa in zo gidansa. Na ce wanda ya ɗaga ƙarfe ya yi abin kunya, ban zo wanke shi ba. Daga nan na sauko daga kujera na durƙusa a gabansa, gwiwa biyu a ƙasa, da tsufana.

Ya zabura har ya fama hannun. Ya ce, "Mma, tashi. Don Allah tashi, kada ki sa ƙasa ta haɗiye ni."

Na ce, "Ba na tashi sai na ji da kunnena."

Ya ce, "Na yafe. Duniya da lahira na yafe."

Ɗana ya matso yana share fuska da hula. Suka rasa yadda za su gaisa, sai da hagu suka yi, mutumin Kumasi yana cewa, "Ka ga abin da ka mai da ni, ina gaisawa kamar marar tarbiyya." Aka yi dariya, aka shafa fatiha, aka fasa goro. Na dawo gida ina jin kaina kamar mahaifina.

Ran Litinin muka je wajen lauya. Mace ce, ƙarama, ba ta kai surukata ba, da tabarau da gashi a ɗaure baya. Na zauna na gyara mayafi na ce a gaya mata mun rage mata aiki, an yi sulhu, saura ta je ta karɓo mana belin nan na kafin kamu. Surukata ta juya mata. Na ga ta ajiye biro.

Ta fara tambaya, surukata na mayar mini. Su wa suka je? Mu nawa? Me muka kai? An ba shi kuɗi? Na ce subhanallahi, ni zan sayi yafiya? Goro ne da dabino da miya. Ta ce an ce masa kada ya je kotu? Na ce ba wanda ya ambaci kotu. Ta ce wanda ake nema ya je da kansa? Na ce to wa zai ba da haƙuri in ba shi ba? Ta cire tabarau ta murza ido.

Abin da ta faɗa ya yi mini nauyin haɗiya. Ta ce a nan babu belin kafin kamu, wannan dokar wasu ƙasashe ce. Alƙali ba ya duba maganar saki sai mutum ya riga ya shiga hannu an kawo shi gabansa. Ta ce kuma ƙarar ba ta mutumin Kumasi ba ce da zai janye, ta gwamnati ce, shi shaida ne kawai. Yafiyarsa za a saurare ta, tana iya taimakawa, amma ba ta kashe magana. Abin da ya fi ba ta tsoro shi ne zuwan da muka yi. Ta ce idan lauyar gwamnati ta ji mutum shida sun shiga ɗakin mai karyayyen hannu da wanda ya karya shi, tana iya cewa matsa masa aka je yi, ta roƙi alƙali ya tsare ɗana ko ya sa kuɗin beli mai nauyi.

Na ce wa surukata, "Tambaye ta, a garinsu idan an yi faɗa ba a ba da haƙuri?"

Lauyar ta ɗan yi murmushi. Ta ce ana bayarwa, amma ba kafin alƙali ya gani ba. Ta ce abin da za ta iya shi ne ta shirya da ɗan sandan, ɗana ya kai kansa da sassafe ran Talata ta sama, don a samu a gabatar da shi a ranar, kada ya kwana. Mutumin da ya kawo kansa, in ji ta, alƙali na ganinsa da daraja. Ta ce ya sa takalmi marar igiya. Ta kuma nuna ɗana da biro ta ce daga yau kada ya kira mutumin, kada ya je inda yake.

A jirgi muna dawowa na yi ta juya maganar. Shi ta hana, ai ba ni ta hana ba. Kuma yarinya ce, takarda ta sani, ba ta san zuciyar mutane ba. Alƙali kowane iri ne mutum ne mai ido. Idan aka gaya masa an shirya yana iya shakka, amma idan ya gani fa? A wajenmu, in ana so duniya ta san mutane sun zama abu ɗaya, anko ake musu.

Ina da shadda yadi goma a ƙasan akwati, shuɗiya mai ruwan bula, wadda na ajiye don babbar salla. Na kai wa wani tela ɗan garinmu na ce riga da wando biyu, ɗinki iri ɗaya, aikin wuya iri ɗaya, ɗaya a buɗe hannun dama yadda filasta zai shige. Ya dube ni ya ce biki za a yi? Na ce ɗinka dai. Na kira mutumin Kumasi da wayata na ce zan aiko masa da saƙo, ran Talata ya sa ya same ni a ƙofar kotu bayan azahar. Ya yi shiru kaɗan, ya ce, "To, Mma." Ban gaya wa ɗana ba, ban gaya wa surukata ba.

Ran Talata bayan asuba na miƙa wa ɗana tasa rigar na ce ya sa. Ya ce, "Hajiya, wurin 'yan sanda za ni, ba ɗaurin aure ba." Na ce don haka ma, kada ya je musu kamar wanda ba shi da kowa. Ya sa. Ya tsaya a bakin ƙofa yana jiran in ce wani abu. Na ce, "Allah ya tsare," ina kallon tukunya. Sai da na ji ƙarar takalminsa ta ɓace a matakala na zauna a ƙasan kicin.

Kotun ba ta da nisa da inda suke kasa kaya. Mun isa ni da surukata, muka tarar da mutumin Kumasi a tsaye gefen matakala, shadda na ƙyalli, hannu a rataye. Surukata ta tsaya cak. Ta dube shi, ta dube ni, ta ce a hankali, "Inna, me kika yi?" Na ce ta wuce mu je.

Aka bi da mu ta na'urar bincike, aka sa na cire awarwaro. A wani dogon baranda mai benci muka samu lauyar da takardu a hannu. Ita ta raka ɗana da safe, ta ga rigarsa. Da idonta ya sauka kan mutumin Kumasi sai fuskarta ta canza, ban buƙaci tafinta ba. Ta ja mu gefe. Surukata na fassarawa. Ta ce lauyar gwamnati ta riga ta ji labarin zuwanmu gidansa, dama tana shirin tayar da maganar. Yanzu ga shaidarta an kawo mata shi cikin kaya iri ɗaya da wanda ake tuhuma. Wa ya ɗinka? Na ce ni. Wa ya ce ya zo? Na ce ni.

Ta ce ba za ta ɓoye shi ba, don ɓoyewar ta fi muni. Ta shiga ta fito da lauyar gwamnati, wata doguwa mai baƙar kwat. Ita ta tafi da mutumin Kumasi can ƙarshen baranda su biyu, don shi yana jin Turanci sosai. Ina hango shi yana magana yana nuna ni da hannun hagu. Sun daɗe. Da ya dawo ya zauna nesa da ni kaɗan, abin da bai taɓa yi ba.

Na ce, "Me ta tambaye ka?"

Ya ce, "Ta ce ko an tilasta ni. Na ce a'a. Na gaya mata tun ina asibiti na ce wa ɗan sandan ba na son a kama shi, ta duba za ta gani. Na ce ni na fara zagi."

Na ce, "To madalla."

Ya ce, "Sai ta ce, da tsohuwar ta durƙusa, da ina so in ce a'a, zan iya?" Ya sunkuyar da kai yana wasa da bakin rigar. "Mma, ban iya yi mata ƙarya ba. Na ce a wurinmu ba mai iya ce wa uwa a'a tana durƙushe."

Na so in yi masa faɗa, amma a kan me? Gaskiya ya faɗa. Shekara nawa ina taƙama da cewa ban taɓa durƙusawa an mayar da ni ba, ban taɓa tambayar kaina ko waɗanda na durƙusa wa suna da wata hanya ba. Na tuna shirun da ya yi a waya kafin ya ce to. Mutum da karyayyen hannu, na sa shi ya hau jirgi ya zo ya tsaya cikin rigar wanda ya karya shi, kuma ban tambaye shi ko yana so ba.

Kafin mu shiga lauyar ta riƙe hannuna. Ta ce abu ɗaya take roƙo. Za ta gaya wa alƙali mahaifiyarsa na nan, idan ta juyo ta nuna ni in miƙe tsaye. In tsaya kawai. Ko me na ji, ko me aka ce a kaina, kada in yi magana, don kowace kalma tawa a kan ɗana za ta faɗa. Surukata ta ƙara da nata, "Inna, don girman Allah."

Ɗakin cike yake, ana ta kiran mutane ɗaya bayan ɗaya, kowa minti kaɗan. Alƙalin wani dattijo ne baƙar fata mai sanƙo, yana duba takarda ta saman tabarau. Mutumin Kumasi ya zauna a layin baya shi kaɗai. Can bayan la'asar aka fito da ɗana ta wata ƙofar gefe. Shaddar ta yamutse, ba hula. Yana tafe wani iri, hannu a baya, sai na lura wandonsa yake riƙe. Ashe a wurin 'yan sanda sun zare masa zariya, don ba a barin mutum da igiya ko wace iri. An ce mana takalmi, ba wanda ya tuna da wando. Ya ɗaga kai yana neman mu, idonsa ya wuce ni ya sauka a layin baya. Na ga lokacin da ya gane rigar. Ya rufe ido.

Aka kawo tafinta, wani ɗan Nijeriya, ya tsaya kusa da shi. Ni surukata ke raɗa mini. Lauyar gwamnati ta faɗi laifin, ta faɗi ƙarfen, ta faɗi ƙashin. Ta ce iyalin wanda ake tuhuma sun je gidan shaida da jama'a, yau kuma sun kawo shi cikin tufafin da suka ɗinka masa. Ta ce shaidan ya ce ya yafe, kuma ta tabbatar ya faɗi haka tun a asibiti, amma shi da bakinsa ya ce ba zai iya ƙin tsohuwar ba. Don haka tana neman a sa wa ɗana kuɗin beli, a kuma hana su haɗuwa.

Alƙalin ya ɗaga kai ya dubi ɗana, ya dubi layin baya, ya sake duban ɗana. Wasu a ɗakin suka fara juyowa.

Lauyarmu ta yi magana ba hanzari. Ta ce mutumin nan da ƙafarsa ya kawo kansa. Bai taɓa shiga hannu ba. Yana da mata da 'ya'ya uku da sana'a a titi ɗaya shekara da shekaru, ba inda za shi. Ta ce zuwa ba da haƙuri al'adarsu ce, an yi shi kafin su ga lauya, kuma tun da ta hana shi bai ƙara neman mutumin ba. Rigar kuwa bai san da ita ba sai yanzu, aikin mahaifiyarsa ne, ga ta can. Ta juyo ta nuna ni.

Na miƙe. Ban taɓa tsayawa a gaban jama'a an ce wannan ce uwarsa na amsa ba, ko ranar aurensa ƙanwata ce ta zauna a matsayin uwa. Ga kuma magana cike da bakina. Na san ta inda zan fara, na san inda zan sa ɗakin nan ya yi tsit, da an ba ni minti biyar da tafinta. Alƙalin yana kallona ta saman tabarau kamar mai jiran in ce wani abu. Na ji surukata ta damƙe gefen zanena. Na haɗe leɓe, na dube shi, na tsaya. Ban san tsawon lokacin da na yi a tsaye ba kafin ya ce in zauna.

Ya yi magana, tafinta na bi. Ya ce ya ji an yi sulhu, kuma ba ya raina shi, amma sulhu ba ya rufe shari'a a ɗakin nan, ba kuma shi zai sa ya saki mutum ba. Abin da yake dubawa shi ne ko mutum zai dawo idan an kira shi, kuma wanda ya kawo kansa ya riga ya ba da amsa. Ya ce ba zai sa kuɗin beli ba, ɗana ya tafi gida ya dawo ranar da aka sa. Amma ya ba da oda, kada ya kusanci mutumin, kada ya kira shi, kada ya aika masa saƙo ta bakin kowa. A nan ya dakata ya dubi inda nake, ya maimaita, ta bakin kowa. Ya ce idan aka karya wannan, shi da kansa zai sa a rufe shi. Tafintan ya juyo ya faɗa da Hausa da ƙarfi yadda zan ji, ko da yake ba aikinsa ba ne.

A baranda lauyar ta yi mana bayanin sauran. Teburinsu ba zai ƙara zama gefe da gefe ba sai an gama, dole ɗana ya nemi wani wuri. Ni ma ba kira, ba aike, ba miya. Na ce har yaushe? Ta ce watanni. Haka kuwa aka yi, sai da sanyi ya wuce aka rage laifin, aka sa ɗana zuwa wani aji na koyon danne fushi, sannan aka ɗage odar. Azumin shekarar mutumin Kumasi bai sha furata ba. Da ya dawo kuma ban tambaye shi ko don yana so ya dawo ba, na dai bar ƙofa a buɗe, shi ya hawo da ƙafarsa.

Amma ranar, da muka fito, rana ba ta faɗi ba tukuna. Mutumin Kumasi ya riga mu fita, ya tsallaka ɗaya gefen titi. Hanyar jirginmu ɗaya ce, don haka muka bi Canal Street, shi a can mu a nan, mutum biyu cikin shadda ɗaya da motoci a tsakaninsu, ba mai duban wani. Masu tebur da suka san su suna ta kallo. Ɗana na tafe yana riƙe da wando da hannu ɗaya, don zariyar tana can wurin 'yan sanda da sauran kayan aljihunsa.

A bakin matakalar jirgi na ce ya tsaya. Na kwance ɗankwalina ta ƙarƙashin mayafi, na kama gefensa da haƙori na yage tsawonsa. Ya miƙo hannu zai karɓa, na ture hannun. Na ɗaga rigar na zagaya masa ƙyallen a ƙugu na ɗaure da kaina, a tsakiyar mutane, kamar yadda ban taɓa yi masa ba ko yana yaro. Ya tsaya yana kallon sama.

Ya ce, "Hajiya, ya yi tsauri."

Na ce, "Bar shi haka. Mu je gida, tuwo na jira."